Jon Hawad, Attajirin da Ya Auna Burodin Ƴan Kaso

Masanan da suka yi rubutu a kan laifi da horo kashi biyu ne. Akwai waɗanda suka zauna cikin littattafai suka yi tunani a kan yadda ya kamata doka ta kasance, akwai kuma waɗanda suka ɗaura sirdi suka tafi ganin abin da doka ke yi wa mutane bayan alƙali ya tashi. Jon Hawad, mutumin Ingila, wanda Turawa ke rubuta sunansa John Howard, shi ne jagoran kashi na biyu. Bai karanci shari'a ba, bai koyi aikin likita ba, ko rubutun harshensa ma bai ƙware da shi ba, sai da abokai suka riƙa gyara masa. Duk da haka littafin da ya buga a shekarar 1777 ya zama tushen binciken zaman kurkuku a ƙasashen Turai, domin a cikinsa aka bi gidajen kaso na ƙasa guda, ɗaya bayan ɗaya, aka rubuta faɗin ɗakuna, da nauyin abincin da ake bayarwa, da yawan mutanen da ke ciki, da abin da ya kai su.

An haife shi ranar 2 ga Satumba 1726 a gefen birnin Landan. Ubansa ɗan kasuwa ne mai wadata, mai sana'ar shimfiɗu da kayan ɗaki, mai tsananin riƙon addini da tsaurin tarbiyya. Uwarsa ta rasu yana ƙarami, shi kuwa ya tashi ba shi da cikakkiyar lafiya, saboda haka aka kai shi goyo wani ƙauye mai suna Kardinton, kusa da garin Bedfod, wanda nisansa da Landan ya yi kusan nisan Maraɗi da Agiye. Da ya girma aka ba shi ga wani babban mai sayar da kayan masarufi don ya koyi ciniki. A can ne ya saba da awo da lissafi da rubuta kome a littafi, abin da ya amfane shi daga baya fiye da duk karatun da ya yi. Uban ya rasu a 1742, ya bar masa dukiya mai yawa, sai ya bar ciniki.

Ciwo ya kwantar da shi a gidan wata bazawara da yake haya a wurinta. Ta yi jinyarsa har ya tashi, shi kuwa ya ga babu abin da zai saka mata da shi sai aure, ko da yake shekarunta sun ninka nasa. Ta rasu a 1755. A ƙarshen wannan shekara girgizar ƙasa ta rushe birnin Lizbon na ƙasar Fotugal, Hawad ya shiga jirgin ruwa a 1756 don ya je ya ga abin da ya auku. Lokacin Ingila da Faransa suna gaba. Wani jirgin Faransawa mai izinin fashi a teku ya tare su, ya kama duk mutanen da ke ciki. Sun yi fiye da awa 40 ba a ba su ko ɗigon ruwa ba kafin su isa Brest, a can kuma ya kwana shida a kan ciyawa cikin kurkukun ganuwa. Daga baya aka sake shi bisa alkawari, ya zauna wata biyu a wani gari yana rubuta wa sauran kamammun Ingilishi wasiƙu, suna gaya masa halin da suke ciki. Ta haka ya ji cewa a garin Dinan an binne mutum 36 cikin rami guda a rana ɗaya. Da ya koma gida ya kai rahoto ga hukumar da ke kula da ma'aikatan jirgin ruwa marasa lafiya, aka kuwa saurare shi.

Mai karatu zai zaci daga nan ne ya shiga aikin gyaran kurkuku. Ba haka aka yi ba. Ya koma Kardinton ya kama noma. Ya sake aure a 1758, ya rushe bukkokin masu haya a ƙasarsa ya gina musu gidaje masu tsabta, ya biya kuɗin karatun ƴaƴansu, yana kuma auna zafi da sanyin gari yana rubutawa. Matarsa ta biyu, Henriyeta, ta rasu a 1765, ƴan kwanaki bayan ta haifa masa ɗa namiji, wanda shi kaɗai Allah ya ba shi.

Kuɗin yari

A shekarar 1773, yana da shekara 46, aka naɗa shi wakilin Sarkin Ingila mai kula da al'amuran shari'a a jahar Bedfod. Muƙami ne na girma na shekara ɗaya. Waɗanda suka riƙe shi kafinsa sukan sa kayan ado su tarbi alƙalai ranar da suka iso, sauran aiki su bar wa mataimaki. Gidan kaso na jaha yana ƙarƙashinsu a takarda, amma ba su shiga. Hawad ma bai cancanci kujerar ba a ƙa'ida, domin ba ya cikin cocin gwamnati, kuma da wani ya kai ƙara da an ci shi tarar fam 500. Ya karɓa duk da haka, ya zauna a kotu, ya zuba ido.

Abin da ya gani shi ne wannan. Mutum ya yi wata da watanni a tsare yana jiran shari'a, ranar shari'a ta zo, an wanke shi, ko kuma mai ƙarar ma bai zo ba, amma maimakon ya tafi gida sai a ja shi a mayar da shi kurkuku. Dalili kuwa shi ne yari ba shi da albashi. Abin da yake ci daga hannun ɗaurarru yake fitowa: kuɗin shiga, kuɗin fita, kuɗin shimfiɗa, kuɗin sassauta mari. Wanda ba shi da kuɗin fita sai ya ci gaba da zama, ko da alƙali ya ce ba shi da laifi.

Hawad ya je wurin alƙalan jaha ya nemi a yanka wa yari albashi daga baitulmali, a soke waɗannan kuɗaɗe. Alƙalai ba su musa cewa zalunci ne ba. Sai dai suka ce ya nuna musu wata jaha da ta taɓa yin haka, sa'an nan su bi. Wannan amsa tsohuwa ce a ofisoshi, sau da yawa kuma a nan magana ke mutuwa. Shi kuwa ya ɗauke ta da gaske, ya hau doki ya shiga jahohin maƙwabta neman misali. Bai samu ko ɗaya ba. Ko'ina ya je al'adar ɗaya ce, abin da ya tarar a cikin ɗakunan kuma ya fi wanda ya fito nema muni. Tafiyar da ya fara ke nan, bai kuwa daina ba har mutuwarsa.

Don a gane abin da ya tarar, sai a san cewa a wancan zamani ɗauri ba shi ne babban horo ba a Ingila. Mai babban laifi rataye shi ake yi, ko a tura shi ƙasar Amurka aikin gandu. Mai ƙarami a yi masa bulala. Kurkuku wurin ajiya ne kafin shari'a, ko kafin zartar da hukunci, ko kafin a biya bashi. A farkon shekarar 1776 Hawad ya ƙidaya ɗaurarru 4,084 a Ingila da Wels. A cikinsu 2,437 bashi ne ya kai su, 994 manyan laifuffuka, 653 ƙanana. Wato fiye da rabi ba su yi sata ba, ba su zub da jini ba. Da yawa daga cikinsu matansu da ƴaƴansu sun biyo su ciki, domin ba su da wani wurin zuwa. Almajirin da ya karanta Risala zai tuna cewa a fiƙihun Malikiyya ana tsare wanda ake bi bashi ne don a gane halinsa, in ta tabbata ba shi da kome a sake shi. A Ingila ta wancan lokaci mai bin bashi yana iya barin mutum ya tsufa a ɗaure.

Sabon shiga kuma tsofaffin ɗaurarru sukan tare shi su ce ya biya kuɗin maraba, in ba shi da shi su tuɓe masa riga su sayar su sha giya. Giyar kuwa yari ne ke sayar da ita. Gwamnati tana karɓar haraji a kan kowace taga, saboda haka masu gidajen kaso suka toshe tagogi, mutane suka zauna cikin duhu da wari. Wasu wurare babu ruwa, babu salga, babu ko ciyawar kwanciya. A garin Eli, inda kurkukun na babban limamin coci ne, ginin ya lalace, maimakon a gyara sai aka riƙa kwantar da mutane rigingine a ɗaure su da ƙasa, a sa musu ƙarfe mai tsini a wuya. A garin Hul alƙalan manyan laifuffuka sun taɓa yin shekara bakwai-bakwai kafin su zo. Hawad ya ba da labarin wani mai kisan kai da ya yi kusan shekara uku yana jira a can, har babban mai shaida ya mutu, aka sake shi. Jinkirin shari'a ya cuci mara laifi, ya kuma kuɓutar da mai laifi.

Sa'an nan ga zazzaɓin kurkuku. Hawad ya tabbatar cewa daga 1773 zuwa 1775 waɗanda wannan ciwo ya kashe a gidajen kaso sun fi waɗanda aka rataye yawa. Ciwon kuwa bai san bango ba. A 1750 ɗaurarru sun shigo da shi babbar kotun Landan, ya kashe magajin gari da alƙalai biyu da mutane da dama. Mutanen zamanin sun ɗauka mugunyar iska ce ke kawo shi, har Hawad kansa. Sai a 1909 wani likita Bafaranshe, Sharl Nikol, ya gano a Tunis cewa kwarkwatar tufafi ce ke yaɗa shi. Amma maganin da Hawad ya nema, wato wanka da wanke tufafi da iska da raba marasa lafiya, daidai yake ko da bai san asalin cutar ba.

Yadda yake aikinsa abin lura ne ga duk ma'aikacin da aka ba amanar duba wani wuri. Ba ya aika saƙo cewa yana tafe. Yakan ƙwanƙwasa ƙofa, ya shiga har ɗakunan ƙarƙashin ƙasa waɗanda likitoci da yari kansu ke gudu. Yana ɗauke da ma'auni, ya ɗora burodin da aka ba ɗaurarre ya ga ko ya kai abin da aka rubuta. Ya auna tsawo da faɗin ɗaki, ya ƙidaya kawuna, ya kwafe jerin kuɗin da yari ke karɓa, ya tambayi ɗaurarru da kansu. Bayan shekara ɗaya ko biyu ya sake dawowa ya ga abin da ya sake. Tufafinsa sukan ɗauki wari har ba ya iya zama cikin keken doki mai rufi, dole ya riƙa tafiya a kan doki ko ana ruwa. Littafin da yake rubutu a ciki ma sai ya shanya shi a bakin wuta kafin ya iya buɗe shi. Gani ya kori ji, shi kuwa bai tsaya ga gani ba, sai da ya mai da abin da ya gani lamba, yadda ba mai iya cewa ƙari ya yi.

A watan Maris 1774 majalisar dokoki ta kira shi ya ba da shaida, ta yi masa godiya. A wannan shekara aka yi doka biyu. Ta farko ta ce wanda aka wanke a sake shi nan take a gaban kotu, jaha ta biya yari. Ta biyu ta ce a shafe bango da farar ƙasa aƙalla sau ɗaya a shekara, a buɗe hanyar iska, a ware ɗakin marasa lafiya na maza da na mata, a tanadi wurin wanka da mai magani. Hawad ya san halin takarda. Ya buga dokokin da kuɗinsa ya aika wa kowane yari, sa'an nan ya sake zagayawa, ya tarar a wurare da yawa ko karanta su ba a yi ba.

Daga 1775 ya fara ƙetare teku don ya ga yadda wasu ƙasashe ke yi. A Paris an hana shi shiga kurkukun Basti, amma ya gano wata tsohuwar doka da ta yarda wa mai sadaka ya miƙa wa ɗaurarru da hannunsa, da ita ya shiga sauran. Ƙasar Holan ta ba shi sha'awa ƙwarai saboda tsabta da aikin hannu da ƙarancin ɗaurarru. Haka kuma sabon gidan horo na birnin Gand, inda kowa ke kwana a ɗakinsa shi kaɗai, da rana a haɗu a yi saƙa. Da ya tara abin da ya ishe shi sai ya buga littafinsa a kan halin gidajen kaso na Ingila da Wels, ya sayar da shi ƙasa da kuɗin bugu don ya shiga hannu da yawa. An fassara shi da Faransanci a 1788.

Shekara 13 kafin littafin Hawad, a 1764, wani saurayi ɗan Milan ta ƙasar Italiya, Sizare Bekariya, ya fitar da ɗan ƙaramin littafi a kan laifuffuka da hukunce-hukunce. Ra'ayinsa shi ne horo ya yi daidai da laifi, ya zo da wuri, kowa ya san ba makawa zai zo, domin wannan ya fi tsanani hana ɓarna. Ya ƙi azabtarwa don neman iƙirari, ya ƙi hukuncin kisa. Hawad ya karanta shi, ya kuma kafa hujja da shi. Amma Bekariya ya tsaya a bakin kotu, Hawad ya wuce ciki. Abin da ya ƙara wa ilimin laifi shi ne cewa gidan kaso kansa yana iya zama makarantar ɓarayi.

Yara a cikin manya

Babu abin da ya tsaya masa a rai kamar wannan. A gidajen kaso na Ingila ba a raba kowa da kowa: mace da namiji, mahaukaci da mai hankali, wanda ake tuhuma da wanda aka yanke wa hukunci, yaro da gawurtaccen ɗan fashi, duk fili ɗaya. Ya rubuta cewa ya ga yara ƴan shekara 12 zuwa 14 sun kewaye tsofaffin ɓarayi sun kasa kunne, suna sauraron labarin yadda aka fasa gida da yadda aka tsere. Yaron da ya shiga saboda ɗan abin da bai taka kara ya karya ba, yakan fito da sana'a, da abokan sana'a, da kunyar da ta riga ta zube. Kusan shekara 100 bayan haka, a 1876, wani likitan Italiya, Lombroso, ya yi ta auna ƙoƙon kan ɗaurarru yana cewa akwai waɗanda aka haifa da laifi a jininsu. Masana sun daɗe da watsar da wannan magana. Ta Hawad, cewa zama da wanda aka zauna da shi ne ke koya wa yaro ɓarna, ita ce bincike ya yi ta ƙarfafawa.

A birnin Rum ya ga abin da ya ɗauka magani ne. Fafaroma Kilemen na 11 ya kafa gidan horon yara na San Mikele a 1703, mai ɗakuna 60, don yara masu laifi da kuma kangararru waɗanda iyayensu suka kawo. Kowane yaro yana kwana shi kaɗai, da rana su zauna a babban zaure suna kaɗi, ba mai magana. A bango an rubuta wata magana da Latin, ma'anarta ita ce tsare mugu da horo ba ya da wani amfani in ba a gyara shi da tarbiyya ba. Hawad ya ƙaunaci wannan magana har ya sa ta a littattafansa. Sai dai akwai abin da idonsa bai tsaya a kai ba yadda ya kamata: yaran nan da sarƙa a ƙafa suke kaɗin, bulala kuma tana jiran wanda ya saɓa. Ƙasar Hausa ta san irin wannan. An daɗe ana kai yaron da ya gagari iyaye gidan mari da niyyar gyara, aka kuma ga abin da ƴan sandan Nijeriya suka fito da shi daga irin waɗannan gidaje a Kaduna da Daura a 2019. Gidan da aka gina don tarbiyya, in ba mai shiga daga waje ya duba, ba ya daɗewa bai koma kurkuku ba.

Tunanin raba yara da manya ya bi hanya mai tsawo kafin ya iso nan. A Faransa an buɗe gandun horon yara na Metre a 1840, aka yi ta yabonsa, daga baya labarin azabar da ke ciki ya fito, aka rufe shi kafin yaƙin duniya na biyu. A ranar 2 ga Fabrairu 1945 Faransa ta yi dokar da ta sa tarbiyya gaba da horo a shari'ar yara. A Nijar, inda kalmar kaso kanta daga Faransanci ta fito, kuma inda har zuwa 1946 komandan yana da ikon rufe talaka na ƴan kwanaki ba tare da shari'a ba, an kafa cibiyar gyaran tarbiyyar yara a Dakoro, cikin jahar Maraɗi, a 1952. Cibiyar binciken kimiyyar ɗan Adam ta Yamai ta buga littafin Danièle Poitou a kan laifin yara a Nijar a 1978. Kundin hukunta laifuffuka na 1961 ya ɗauke alhakin laifi daga yaron da bai kai shekara 13 ba. A 1999 aka kafa kotunan yara da alƙalinsu na musamman, a 2014 aka sabunta dokar. Ke nan yaron da aka kama da akuyar wani a kasuwar Gazawa ko ta Gidan Rumji, doka ta tanadar masa hanyar da ba ta manya ba. Tambayoyin da Hawad zai yi a kansa ba su da wuya: a ina ya kwana daren farko, da wa, kwana nawa ya yi kafin ya ga alƙali, wa ya kawo masa tuwo, wane babba ne ya taka ya je ya gani.

A Ingila kanta nasarar Hawad ba ta zo da sauri ba. Yaƙin Amurka ya toshe hanyar tura masu laifi can, aka cusa su cikin tsofaffin jiragen ruwa a kogin Landan daga 1776. A 1779 majalisa ta yi dokar gina manyan gidajen horo biyu bisa tsarinsa, aka sa shi cikin mutum uku masu kula da aikin. Suka kasa daidaitawa a kan filin da za a gina, Hawad kuwa mutum ne mai taurin kai, ba ya sassauci in ya ga shi ke da gaskiya. Abokinsa a cikinsu ya mutu, shi ya ajiye aikin, ba a aza ko tubali ɗaya ba. Sai a 1815 aka soke kuɗin yari gaba ɗaya, sai a 1835 aka naɗa masu binciken gidajen kaso na gwamnati, wato aikin da shi kaɗai ya yi da aljihunsa. Waɗanda suka zo bayansa kuma suka ɗauki shawararsa ta ɗaki ɗaya mutum ɗaya suka wuce da ita gona da iri, suka rufe mutane dare da rana ba mai yi musu magana, har wasu suka haukace. Shi da kansa ya yi gargaɗi cewa kaɗaici mai tsawo ya fi ƙarfin ɗan Adam. Wannan ne ya sa masana irin su Mishel Fuko, a littafinsa na 1975, suka ce masu gyaran kurkuku sun ɗauke azaba daga jiki sun mai da ita kan zuciya. Maganar tana da ƙamshin gaskiya, amma wanda aka kwantar rigingine a Eli da ƙarfe a wuya ba zai ce ba a yi masa kome ba.

Ya ci gaba da yawo. A 1781 ya je Danmak da Suwidin da Rasha, inda ya tsaya ya ga ana yi wa mace da namiji bulalar nan mai kisa. Sarauniya Katarina ta gayyace shi fada, ya ƙi zuwa, domin kurkuku ya zo gani. A 1783 ya je Fotugal da Sifen. Da ya yi lissafi a 1784 ya ga ya yi tafiyar mil 42,033, wato fiye da kilomita 67,000, abin da ya wuce kewaya duniya sau ɗaya da rabi, a kan doki da keken doki da jirgin ruwa. Ba ya cin nama, ba ya shan giya, abincinsa burodi da madara da shayi da ɗan ganye.

A ƙarshen 1785 ya juya ga wuraren da ake killace matafiya saboda annoba, waɗanda ake kira lazare, sunan da wata unguwa ta Yamai ke ɗauke da shi. Ya bi Marsey da Malta da Izmir da Santambul. Don ya san zaman killacewa daga ciki, da gangan ya shiga jirgin da aka san ya fito daga garin annoba, ya nufi Benis. A hanya ƴan fashin teku na Tunis suka far musu, suka kuɓuta da ƙyar. A Benis aka rufe shi kwana 40 da ɗoriya a ɗaki mai ƙazanta, ya sa aka nemo farar ƙasa aka shafe bangon.

A wannan ɗaki wasiƙu suka same shi da labari biyu. Na farko, mutanen Ingila suna tara kuɗi za su kafa masa mutum-mutumi. Ya rubuta ya roƙe su su bari, suka bari. Na biyu, ɗansa Jak ya taɓu. Yaron ya tashi ba uwa, an kai shi makarantar kwana tun yana ƙarami, uban kuma ya rene shi da irin tsaurin da aka rene shi da shi, yana neman biyayya ba tambaya, sa'an nan ya yi shekaru yana bisa hanya. Tun a wancan zamani mutane suka rabu, wasu na ɗora wa uban laifi, abokansa na kare shi. Abin da ba a musu a kai shi ne, mutumin da ya san nauyin burodin yaran wasu a gidajen kaso ɗari-ɗari bai san abin da ke cin nasa ɗan ba sai da ya yi nisa.

Ya buga littafinsa na lazare a 1789, a watan Yuli na shekarar ya sake fita. Rasha tana yaƙi da Turkawa, ya bi asibitocin soja har garin Kerson, kusa da Baƙin Teku, a ƙasar Yukren ta yanzu. Zazzaɓin nan da ya yi shekara 16 yana shiga cikinsa yana fita lafiya ya cika garin. Aka roƙe shi ya duba wata budurwa da ta kamu, ya hau doki cikin ruwa da sanyi ya je. Budurwar ta rasu, shi kuma ya kwanta. Ya yi wasiyya a binne shi ba taro, kada a gina kome a kan kabarinsa sai dutse mai nuna lokaci da inuwar rana. Ya rasu ranar 20 ga Janairu 1790, yana da shekara 63. Hukumomin Rasha suka yi masa jana'iza irin ta manya, da sojoji da ɗimbin jama'a. A Landan aka kafa mutum-mutuminsa a babban cocin Sen Pol, riƙe da mabuɗi, mari a ƙarƙashin ƙafarsa, a 1866 kuma aka kafa ƙungiyar gyaran gidajen kaso da sunansa. Jak ya ƙara shekara tara a gidan masu taɓin hankali, ya rasu a 1799.